Hantar Da Telesiyas Ya Ɓoye Wa Matarsa

Yanzu da Telesiyas ya mutu, kowa a garinmu Fedriya yana nuna kamar ɗan ɗakinsu ne. Da yana raye gudunsa ake yi, ni shaida ne. Shi ne mai duban gari, ya gaji sana'ar daga ubansa, ubansa kuma daga kakansa. Za a yanka akuya a kan dutsen allanmu Afolon, ya tsaga cikin, ya ɗauko hantar yana juya ta a tafin hannu, sannan ya faɗi abin da alloli suka nuna. Ba a ɗaura aure ko a haƙa rijiya sai ya duba, balle fita yaƙi. Aibinsa guda ne, mutumin bai iya lallashi ba. Abin da ya gani shi zai faɗa maka tsirara, ko a gaban surukanka ne.

Gajere ne, mai sanƙo, ƙafarsa ta hagu tana ɗan ja tun wata faɗuwa da ya yi daga itacen zaitun yana saurayi. Matarsa Nikareta ta fi shi tsawo, ta kuma fi shi baki nesa ba kusa ba. 'Yar maginin tukwane ce, muryarta ana jin ta daga rijiya har kasuwa. Shekara talatin da shida suna tare, ba a taɓa wayar gari ba ta tsokane shi ba.

"Masu duban garuruwan mutane duk sun yi tumbi," in ji ta, "nawa kuwa kamar karan masara a rani. Maigida, me zai rage ka in ka ce wa mutum alama ta yi kyau, ya tafi da farin ciki?"

"Ba ni na rubuta ba," haka yake cewa kullum. "Karantawa kawai nake yi."

"To karanta mana abin da za mu ci yau."

A al'adarmu, hantar da aka duba rabon mai duba ce. Ana naɗe ta a ganyen ɓaure a kai gidansa. Mai kai wannan ƙunshi shi ne Boyiskos, makiyayin da ke kiwon awakin yanka, tsoho ne mai nauyin kunne wanda ya san kowace akuya da sunanta amma bai san komai ba game da cikinta. Tun da aka ɗora masa aikin bai taɓa fashi ba. Ko ruwa ake yi kamar da bakin ƙwarya sai ya ƙwanƙwasa ƙofa ya ce, "Uwar gida, ga rabon gida."

Ta haka Nikareta ta koyi abin da ba a koya wa mata. Mace ba ta tsayawa a dutsen yanka, amma ita ke wanke hantar, ita ke gasawa. Tana buɗe ƙunshi za ta ga yadda matsarmama ta kwanta, ta ga launi, ta ga ɗan tudun nan da ke gefe wanda masu duba ke kira kan hanta. Da yamma kuma mijin ya dawo ya ba ta labarin abin da ya faɗa wa mutane. A hankali ta haɗa wannan da wancan. Ta gane cewa in kan ya fito tsaf, lafiya ce. In ya tsage, akwai wahala amma za a fita. In kuwa babu kan gaba ɗaya, wurin ya zama sumul, to mutuwa ce, babu wani kwana-kwana. Sau biyu kacal ta ga irin wannan a duk zamansu.

Na farko shi ne lokacin ciwon Mirto. Ita kaɗai suka haifa, yarinya mai shekara tara, ta ɗauko tsawon uwa da shirun uba. Zazzaɓi ya kama ta a lokacin girbin sha'ir, kwana shida jiki kamar garwashi. Nikareta da kanta ta matsa wa mijin ya yanka 'yar akuyar gida ya duba. Ya tafi, ya dawo, ya tsaya a bakin ƙofa hannunsa da jini.

"Me ka gani?"

"Ba za ta tashi ba, Nikareta."

Yarinyar ta yi kwana biyu bayan nan. Kwana biyun da uwar ta yi tana ba ta ruwa a cokali, tana sane. Da aka binne ta, Nikareta ta juyo ta dubi mijinta a gaban mutane, abin da ba ta taɓa yi ba, ta ce, "Kwana biyu kawai. Da ka bar ni da kwana biyun nan ina sa rai. Sau ɗaya a rayuwarka ba za ka iya yi mini ƙarya ba? Sau ɗaya tak?"

Wata guda ba ta yi masa magana ba, tana ajiye masa abinci ta juya baya. Daga baya tsokana ta dawo, rayuwa ta ci gaba, amma maganar nan ta zauna a tsakaninsu, kowa ya san tana nan, ba mai taɓa ta.

Shekara ashirin bayan haka yaƙi ya zo. Rigimar makiyaya ce tsakaninmu da babban birnin da ke kwari, an daɗe ana ja, har dai suka gaji da magana. Wani mai sayar da gishiri ya hauro da gudu ya ce ya ga rundunarsu da idonsa, sun fi dubu biyu, gobe da hantsi za su iso. Mazan Fedriya masu iya ɗaukar garkuwa ba su kai ɗari uku ba.

Damatriyos, wanda gari ya zaɓa ya ja yaƙi a shekarar, ya tsara abin da zai yiwu. Mata da yara da tsofaffi za su bi hanyar dutse su haye gadar katako da ke kan kwazazzabon kogi, su nufi garin dangi a can sama. Maza za su tare matsatsin da muke kira Wuyan Bunsuru, inda mutum goma ke iya cike hanya. In inuwa ta kai gindin farin dutsen da ke bakin gada, tsofaffi su sare igiyoyin gadar, ko maza sun iso ko ba su iso ba. Wanda ya tsira ya bi hanyar awaki, kwana uku ce.

Matan suka ce ba inda za su. Sun ɗaure kaya, sun goya yara, amma suka zauna a bakin ƙofofinsu suka ce sai sun ji abin da hanta ta ce. In mazansu mutuwa za su yi, gara a mutu tare. Kuma duk idanunsu suna kan gida ɗaya. Sun san Telesiyas ba ya ƙarya, sun san matarsa za ta fara ji. In ta tashi, za su tashi. In ta zauna, babu mai motsi.

Nikareta tana zaune a kan dutsen niƙa da safe Telesiyas ya shigo daga wurin duba, kambun ganye a kansa ya karkace, hannunsa da jini, ya tsaya a daidai inda ya taɓa tsayawa.

"To, faɗi," ta ce. "Na san bakinka."

"Ta yi kyau."

Ta ɗaga kai ta dube shi. "Me ka ce?"

"Hanta ta yi kyau. Kai ya fito tsaf. Za mu riƙe matsatsin, su gaji su koma."

"Kai, yau wace rana. Telesiyas da labari mai daɗi." Ta yi dariya, hawaye suka zubo mata. "To ɗauki sandarka mu tafi. Ka wuce sittin, ba mai neman mashi a wurinka, da wannan ƙafar taka."

"Sai na yanka akuyar gaban sahu. Kin san ba za su ɗaga garkuwa ba sai an zubar da jininta. Ina gamawa zan biyo ku."

"Kada ka tsaya yi wa mutane wa'azi."

"Ba zan tsaya ba." Ya dubi kwandon da ta ɗaure. "Kin sa cukun nan na cikin tulu?"

"Na sa. Ji shi, ana yaƙi yana tambayar cuku."

"Ki rage mini."

Ya miƙa hannu ya gyara mata mayafi a kafaɗa, abin da bai saba yi ba, har jini ya ɗan taɓa bakin zanen. Ta buge hannun ta ce ya ɓata mata kaya. Wannan bugun hannun ya daɗe yana cin ta.

Ta fito ƙofar gida ta ɗaga muryar nan tata. "Ku tashi, 'yan uwa. Hanta ta yi kyau, daga bakin mai ita na ji." Nan da nan unguwa ta motsa. Aka kora jakuna, aka ɗauki marasa lafiya a kan ƙyauren ƙofa, aka hau hanya.

Rana ta take tsaka kafin na gaba su isa gada. Gadar ba ta ɗaukar fiye da mutum biyar a lokaci guda, ga jakuna suna tirjewa, ga tsofaffi masu jiri. Nikareta ta tsaya a bakin gadar tana taimaka wa masu yara. Tana nan ta ji an taɓa ta. Boyiskos ne, yana haki, gumi ya jiƙe masa gemu.

"Uwar gida, ga rabon gida."

"Baba Boyiskos, yau ma?"

"Eh? Ai maigida ya manta ne. Ya tura ta ƙarƙashin dutse ya rufe da toka, hankalinsa na kan yaƙi. Na ce shekara talatin ban yi fashi ba, ba yau zan fara ba." Ya yi murmushi, yana jin ya yi abin kirki.

Ta karɓa tana dariya, ta koma gefe bayan wani itace ta buɗe ganyen, don dai ta ga kyakkyawar hantar nan da idonta. Ta share tokar da yatsa. Ta juya ta. Ta sake juya ta. Inda kan ya kamata ya kasance, sumul ne.

Ta zauna a kan saiwa. Ba ta yi kuka ba. Daga nan zuwa Wuyan Bunsuru tafiyar da ba ta fi ta zuwa gona ba ce in mutum ya sauka da sauri. Zuciyarta ta ce ta tashi ta ruga, ta kama shi a wuyan riga ta zage shi, ta zauna kusa da shi a yi abin da za a yi. Har ta miƙe.

"Inna Nikareta."

Filina ce, matar Damatriyos, da cikinta wata takwas, tana riƙe da ɗanta na fari. A bayanta wasu mata huɗu sun tsaya, sun ga ƙunshin ganyen ɓaure, kuma duk garin an san matar mai duba ta iya karatu ko da ba a faɗa.

"Inna, ita ce hantar? Kin gani da idonki?"

Nikareta ta dubi layin mutanen da ba su haye ba, ya miƙe har bayan kwana, sun fi rabi. Ta san matan garinta. In ta saki fuska sau ɗaya, Filina za ta yi ihu, ihun zai bi layi, kafin a ce me mata ɗari sun juya da yara a baya sun gangara cikin masun maƙiya. Abin da mazan ke saye da jininsu a can ƙasa zai tashi a banza. A lokacin ne ta gane dalilin tsohon nata.

Ta naɗe ganyen, ta cusa ƙunshin cikin riga a kan ƙirjinta.

"Na gani, 'yata. Ban taɓa ganin mai kyanta ba."

"To ki nuna mana mana."

"Ke, rabon gidana ne ko na gidanku? Ku ji mini yarinya. Haye ki ba mutane wuri, da cikin nan naki da ya cika hanya."

Matan suka yi dariya, Filina ta haye. Nikareta ta koma bakin gada ta ci gaba da aikinta. Ta zagi jakin wani tsoho, ta tsokani wata amarya da ta ɗauko madubin tagulla ta bar tukunya, ta ɗauki yaran mutane ta miƙa. Hantar tana ƙirjinta, sanyinta yana ratsa ta, jini yana ɗan tsatsowa ta zane. Can ƙasa iska takan kawo wata ƙara kamar ana dukan tukwanen ƙarfe da yawa a nesa. Duk wadda ta tsaya sauraro, Nikareta ta daka mata tsawa ta wuce.

Na ƙarshe ya haye inuwa saura taku biyu ta kai farin dutse. Tsofaffi uku suka tsaya da gatura suna kallon hanya. Inuwa ta kai, ta wuce, ba wanda ya ɗaga hannu. Kowannensu yana da ɗa a matsatsin.

"Mu ɗan ƙara jira," in ji ɗaya. "Tun da alama ta yi kyau, yanzu za su ɓullo."

"An ce in inuwa ta kai a sare," in ji Nikareta. "Za su biyo ta hanyar awaki. Ku sare."

"Mijinki ma bai iso ba, kuma ƙafarsa..."

"Na san ƙafar mijina. Ku sare, ko ku ba ni gatarin."

Suka sare. Gadar ta faɗa cikin kwazazzabo, ƙararta ta daɗe tana dawowa. Ba a yi tafiyar kirki ba aka hango ƙyallin kwalkwali a wancan gefe, mahayan birnin kwari ne suka iso bakin ramin suka yi cirko-cirko. Sai a lokacin matan suka gane cewa an wuce matsatsin, kukan da aka yi a kan dutsen nan ba na son tuna shi.

Bayan kwana uku mutum goma sha ɗaya suka iso ta hanyar awaki. Cikinsu akwai Sokles baduku, da sara a kafaɗa. Ya nemi Nikareta, ya same ta a bayan gidan da aka sauke ta, ya durƙusa.

"Inna, mu bai ɓoye mana ba," ya ce. "Ya ɗaga hantar sama kowa ya gani. Ya ce babu kai, wanda ya tsaya a nan ba zai ga girbi ba, mai son tafiya ya tafi tun yanzu, ba abin kunya ba ne. Wajen mutum arba'in suka zame. Sauran muka tsaya. Ya roƙe mu kada maganar ta kai kunnen mata, ya ce shi zai ji da wannan."

"Shi fa, me ya hana shi tahowa?"

"Damatriyos ya kore shi har sau biyu. Ya ce, Baba, ka yi naka, tafi. Shi kuma ya ce ba zai karanta wa 'ya'yan mutane mutuwa ya koma ya ci cuku ba. Ya yanka akuyar gaban sahu, maimakon ya koma baya kamar yadda aka saba, sai ya ɗauki garkuwar ɗaya daga cikin waɗanda suka gudu ya shiga layi kusa da ni. Ta yi masa nauyi, Inna, sai da na gyara masa maɗauri. Ya kai har bayan tsakar rana. Da ganyen a kansa ya faɗi."

Nikareta ta gyaɗa kai. Sokles ya ci gaba.

"Ya ba ni saƙo. Ban gane shi ba, amma ya sa na maimaita. Ya ce in gaya miki, sau ɗayan da kika roƙa ke nan, ki yi haƙuri ya zo a makare."

Sai a nan ta yi kuka, irin wanda ba ta yi ba ko a kan Mirto.

Da aka yi sulhu aka koma Fedriya, an tarar maƙiya sun ƙone gawarwakin a rami ɗaya, ba a san ƙashin wane da wane ba. Nikareta ta ɗauki ƙunshin nan, wanda ta shanya ta adana, ta binne shi a gefen kabarin 'yarta, ta zuba masa ruwan inabi da zuma kamar yadda ake yi wa mamaci. Boyiskos ne ya haƙa ramin, yana yi yana kuka, don zuwa lokacin an fahimtar da shi abin da ya kai. Ba ta taɓa ganin laifinsa ba.

Ba duka matan suka yafe mata ba. Filina ta haifi ɗa namiji a garin dangi, ya rayu, ya girma, amma har Nikareta ta mutu in sun haɗu a rijiya Filina kau da kai take yi. Ta ce an hana ta ganin mijinta na ƙarshe da ƙarya. Nikareta ba ta taɓa kare kanta ba, ta san zafin ƙaryar, ta kuma san zafin gaskiyar.

Ta yi shekara tara bayansa. Gari ya kafa dutse a Wuyan Bunsuru da sunayen waɗanda suka tsaya, na Telesiyas a sama, aka sassaƙa a ƙarƙashinsa cewa ya ga mutuwa a tafin hannunsa bai gudu ba, kuma bakinsa bai taɓa furta ƙarya ba. Duk shekara in an je zuba mai a dutsen, wani dattijo yakan karanta rubutun da ƙarfi saboda waɗanda ba su iya ba. Nikareta takan zo da ɗan cuku a ganye ta ajiye a gindin dutsen. In an kai wurin ƙaryar nan, sai ta girgiza kai, ta ce da wanda ke kusa da ita, ba da ƙarfi ba, ita da muryarta ke kaiwa kasuwa:

"Ya yi, sau ɗaya. Ni ya yi wa."